Golan da Aka Wanke

Mahaifinmu bai bar hotuna ba. Guda ɗaya muke da shi, na jikin lasisin tuƙinsa, shi ma ya ɗaure fuska kamar wanda aka tsare a shingen hanya. Amma akwai inda ya ci gaba da tsayuwa bayan rasuwarsa, yana motsi, yana ɗaga hannu: cikin ɗan katin memori na gem ɗin yayana. Ni na yi sanadin fitarsa daga wurin.

Gem ɗin tsoho ne, baƙi, irin mai cin faifai, yaya ya saye shi na hannu a kasuwar Kontagora. Ƙwallo kawai muke bugawa da shi a ɗakin zaure. A cikin wasan akwai wurin da mutum zai ƙera ɗan wasa da kansa, ya zaɓa masa hanci da ido da tsawo. Yaya ya zauna ya haɗa kulob guda da mutanen layinmu. Mai shayin bakin titi yana baya, telan kusa da masallaci yana tsakiya, shi kansa lamba tara, ni kuma ya ajiye ni a benci.

Wata ranar Juma'a Baba ya dawo daga ɗaukar masara a Bangi, ya leƙo zaure ya tarar da mu. Da ya gane tela a talabijin sai da ya dafa bango don dariya. Ya ce shi fa gola ne lokacin da yake firamare a Rijau, ba a taɓa cin sa ba sai da son zuciyar alƙalin wasa. Ya cire hula ya zauna a tabarma ya ce a saka shi.

"Kai, wannan hancin na wa ne? Na kawunka ne wannan. Rage shi."

"Baba, wallahi haka naka yake."

"Ka ci gidanku. Rage na ce. Kuma ka ƙara mini tsawo, gola ba ya zama gajere."

Har aka kira la'asar suna wannan ciniki. Yaya yana danna fad, abin da ake riƙewa a sarrafa wasan, Baba yana matso da fuskarsa kusa da gilashin yana cewa a duba da kyau. Abin da ya fito ba hoto ba ne, amma duk wanda ya shigo zauren ya gani sai ya ce, "A'a, ga Malam."

Da damina ta zagayo Baba ya kwanta ciwo, bai tashi ba.

Inna ba ta son gem. Ta ce shi ya hana mu karatu, kuma ba ta yi ƙarya ba a kaina. Amma bayan ta fita takaba sai ta fara wani abu. Idan an kawo wuta ta ji muna bugawa, sai ta zo ta tsaya a ƙofar zaure da tsintsiya ko faranti a hannu, kamar wucewa take yi. Ta ce, "Ku sa babanku in gani." Yaya sai ya bari a kai mana hari da gangan, don a nuno gola. Ta kalli Baba ya yi tsalle ya cafke, ta ce, "Ji shi," ta koma ciki.

Ni kuwa damuwata daban. Dokar zauren ita ce wanda aka ci ya miƙa fad, kuma ban taɓa cin yaya ba, ko sau ɗaya. Abokansa sun sa mini suna ɗan aike, wai aikina in riƙe wa na gaba fad ya yi ɗumi. A gidan gem na bayan tasha na ji ana cewa akwai mai gyaran da yake canza manhajar da ke tayar da gem, ya saka wata wadda za ta ba ka damar maguɗi: 'yan wasanka ba sa gajiya, duk bugun da ka yi raga. Na riƙe maganar a raina.

Da yaya ya tafi Kaboji taya kawunmu girbi, na naɗe gem da katin a zanin Inna na kai shagon. Mai gyaran mutumin kirki ne, ba zan ɗora masa laifina ba. Hausarsa irin ta waɗanda suka koya da girma ce, tana da ɗan lanƙwasa. Ya gaya mini gaskiya. Ya ce wannan aikin yana iya sa gem ya riƙa sandarewa, wani ma ya ƙi tashi gaba ɗaya, kuma idan aka ɗauke wuta ana tsakiyar yi, to sai haƙuri. Duk na ce na ji. Sai ya ɗaga katin ya ce,

"Abin a nan zai zauna. Amma sai na wanke shi tukuna. In wanke?"

Na dubi katin. Ya yi baƙi da dattin hannu, har da ɗan manja a gefe. A sanina wanki gyara ne. Ana wanke mota ta yi kyau, ana wanke hoto ya fito. Na ce, "Wanke shi sosai, oga."

"Babu komai naka a ciki?"

"Gem ne kawai."

Na sha gaya wa kaina cewa kalmar ce ta yaudare ni. Amma tambaya ta biyu ba ta da lanƙwasa, kuma na ji wani abu ya taɓa zuciyata lokacin da ya yi ta. Na san da na ce akwai, zai ce in je in zo da wani katin, ni kuma so nake in gama kafin yaya ya dawo.

Aikin ya yi kyau, ba a ɗauke wuta ba. Na kai gida na kunna, wani sabon shafi ya fito da jerin abubuwan maguɗi. Na shiga neman kulob ɗinmu. Babu. Na kashe na kunna, na zare katin na hura masa iska na mayar. Babu tela, babu mai shayi, babu Baba. Na koma shagon da gudu ba takalmi. Mai gyaran ya saki abin da ke hannunsa ya ce, "Ɗan'uwa, ai na tambaye ka."

Yaya bai dake ni ba, da ma ya daka. Ya saurare ni har na gama, ya zauna ya daɗe yana kallon shafin nan. Sannan ya miƙo mini fad ya ce, "Kunna abin naka. Tunda ka saya, ai sai ka ci." Na ce ba na so. Ya ce sai na buga. Na ci shi har na daina ƙirga ƙwallayen, kafin a tashi wasan gem ɗin ya sandare, 'yan wasa suka tsaya cak da ƙafa a sama. Ya tashi ya zare waya daga bango.

Washegari ya ce mu sake ƙera Baba kafin Inna ta tambaya. Muka ajiye lasisin a gaban talabijin muka fara. A nan na ga abin da ban zata ba. Yaya ya ce girar Baba mai kauri ce, ni na ce siririya. Na ce gemunsa ya fi haka fari, ya ce wannan sai da ya kwanta ciwo. Hoton lasisin ƙarami ne, hula ta rufe goshi, bai raba mana gardama ba. Shekara ɗaya da 'yan watanni kawai, amma kowa da nasa Baban a kai, kuma mai fuskar ba ya nan balle ya matso ya ce a duba. Muka yi iya yinmu muka ajiye.

Bayan kwana biyu Inna ta tsaya a ƙofa da ƙwaryar wake. Ta ce a sa mata. Yaya ya bari aka kawo hari, golan ya fito ya kama. Ta matso ciki, abin da ba ta saba yi ba, ta sunkuya ta duba. Sannan ta juya ta kalli yaya.

"Wannan ai kai ne ka sa wa kanka gemu."

Na buɗe baki zan faɗa, yaya ya taka mini ƙafa. Ta ɗan ƙara tsayawa, ta ce, "Allah ya jiƙan Malam," ta koma tsintar wakenta. Na gaya mata gaskiya daga baya, ta ce ta yafe, wasan yara ne. Amma ko an kawo wuta, ko ta ji ihunmu, ba ta sake zuwa ƙofar zauren ba.