Layi Goma Sha Biyu na Malam Dzarma

Duk wanda ya zauna a Wulari a wancan zamani ya san Malam Dzarma. Ko bai san sunansa ba, ya san baƙin kekensa da fensirin da ke maƙale a bayan kunnensa. Mutumin kudancin Borno ne, ya zo Maiduguri yana saurayi, ya samu aikin akawu, ya auri Phoebe, suka haifi Jonathan. Amma ba akawuncin ne ya fito da shi ba, akawu ai sun fi a ƙirga. Abin da ya fito da shi shi ne tarihin mamaci, wanda ake karantawa a coci ranar jana'iza kafin a ɗauki gawa.

A shekarar 1975 abin ya soma. Cikin wata guda aka binne mutum biyu, ɗaya mai barkwanci, ɗaya kuwa ko gaisuwa sai ya ga dama yake amsawa. Sakataren coci ya tashi ya karanta musu takarda iri ɗaya sak, suna kawai ya canza: mai haƙuri, mai tsoron Allah, mai son jama'a. Abin ya tsaya wa Dzarma a rai. Ya yi ta tambayar kansa, to wai su wa aka binne? Ya je ya roƙi a ba shi aikin, aka miƙa masa da hannu biyu, don dama ba mai so.

Nan ya kafa wa kansa dokoki. Layi goma sha biyu, ba ƙari ba ragi. Kalmar yabo ko ɗaya ba za ta shiga ba. Sannan ba zai rubuta komai ba sai abin da ido ya gani, kuma sai ya zauna da mai idon ya ji daga bakinsa. Fasto ya ce masa coci fa ba ta ɗora wa kowa wannan wahala ba. Dzarma ya ce ya sani, ai shi ya ɗora wa kansa.

Da farko dariya aka yi ta yi masa. Sai ranar da aka binne wani kafinta, ya tashi ya karanta: "Bencin da kuke zaune a kai shi ya ƙera. Na uku yana girgiɗi, ya ce zai gyara bayan Kirsimeti." Waɗanda ke kan benci na uku suka fashe da dariya, dariyar ta koma kuka. Daga nan kowa shi yake so. Amma fa mutumin akwai taurin kai na innanaha. Manyan gidaje sun sha roƙonsa ya sa musu ko da "mutumin kirki" ne, ya ce su kawo abin da marigayin ya yi, kirkin zai fito da kansa. Haka ya yi shekara ashirin da ɗaya, kullum da safe ya ɗauki fensirinsa a kan tebur, ya hau keke, ya shiga tambaye-tambaye.

A daminar 1996 Phoebe ta kwanta, kwana biyu kacal, ranar Talata ta rasu. Aka sa jana'iza Asabar. Jonathan ya ce a bar wani ya rubuta, uban ya ce ina, wa ya san ta kamarsa?

Laraba da safe ya jera lambobi ɗaya zuwa goma sha biyu a gefen takarda, ya tsaya cak. Mai haƙuri ce, dokarsa ta hana. Mai kirki ce, ta hana. To me ya gani da idonsa? Tuwo yake gani a rufe, bai ga tuƙawa ba. Riga yake gani a goge, bai ga guga ba. Shekara talatin da ɗaya a ɗaki ɗaya, ga shi ko layi guda ya gagare shi. Kunya ta kama shi, tsoro ya biyo baya. Ko dai ya tsaya gaban jama'a da takarda fayau, ko ya binne matarsa da kalmomin sakataren nan.

Sai ya yi abin da ya saba yi wa baƙi, ya hau keke ya shiga tambaya. Matan zumuntar coci suka ce kullum ita ke ɗaukar waƙa, kuma kullum sai ta ɗauke ta sama da yawa, sai an dawo an sake. Maƙwabciyarsu Turai ta ce ranar Lahadi in ya yi barcin rana, Phoebe kan saci kekensa ta zaga bayan gida sau uku, ta mayar ta goge ƙurar. Dzarma ya riƙe baki. Phoebe a kan keke? Ya sa Turai ta maimaita masa, har da tambayar ko ta taɓa faɗuwa.

A Mafoni ya samu Yagana, mai sayar da busasshen kifi, wadda ya ɗauka ciniki kawai ya haɗa ta da Phoebe. Ashe damina tara suna noman kuɓewa tare a Dusuman, shi yana shan miya yana cewa kasuwa ta yi kyau bana. Ashe Phoebe tana jin Barbarci kamar a Mafoni aka haife ta, har tsokanar masu kifi take yi da shi, shi kuwa shekarunsa duka a garin bai wuce gaisuwar "wushe" ba. Shekarar ambaliya ma, in ji Yagana, Phoebe ce ta goya mata tsohuwarta ta fitar da ita, ruwa har ƙugu.

Yagana ta share ido da gefen gyale, ta dube shi. "Baban Jonathan, kai duk lokacin nan kana ina?"

"Ina rubuta tarihin mutane," in ji shi.

Abin mamaki, kwanakin nan biyu har daɗi ya riƙa ji. Yana tuƙa keke yana murmushi shi kaɗai, yana cewa wai wace ce wannan matar, kamar saurayin da aka fara ba shi labarin budurwa. Sai ya iso ƙofar gida ya ga tabarmin masu gaisuwa, sannan ya tuna ba zai samu ya tambaye ta ba.

Zuwa Juma'a ya samu layi goma sha ɗaya, duka da idon wasu. Na ƙarshen ya ce lallai sai nasa idon. Jonathan ya lallashe shi.

"Baba, dokar nan fa taka ce. Ka rubuta abin da ke ranka, wa zai kama ka?"

Uban ya ce in ya sassauta wa kansa yau, da wane ido zai dubi gidajen da ya hana shekara ashirin da ɗaya?

Asabar da safe, saura awa biyu a tafi, ya ɗauki fensir ko wani abu zai zo. Fensirin ya dakushe, sai baƙin shafe yake yi a takarda. Ya yi tsaki, ya ce kayan zamani ba su da ƙarko, shi da bai taɓa ganin fensirinsa ya yi haka ba. Ya nemi reza, ya ga bai ma san inda take zama ba. Ya duba tebur, ya duba taga, har ya kai kicin. A gefen murhu ya ga wani ɗan gwangwanin madara, da reza a ciki, da ɓawon fensir cike har rabi, wanda Phoebe take hura wuta da shi.

Ya daɗe a tsaye da gwangwanin a hannu. Bai feƙe fensirin ba. Haka ya koma ya rubuta layin da shi, da ƙaton rubutu kamar na ɗan aji ɗaya.

Coci ta cika, har Yagana ta zo ta zauna a bencin baya kusa da Turai. Ya karanta na waƙa, matan zumunta suka yi dariya. Ya karanta na keke, har fasto ya sunkuyar da kai. Ya karanta na kuɓewa da na ambaliya. Sannan ya tsaya, ya gyara tabarau.

"Na goma sha biyu, wannan ni na gani. Shekara talatin da ɗaya ina samun fensirina a feƙe kowace safiya. Tun Laraba ban same shi a feƙe ba."

Ya ninke takardar, ya mayar da fensirin bayan kunne yadda yake, ya koma ya zauna kusa da ɗansa.