Hannun Uwata a Bangon Gabas

Dattawan cocinmu sun yanke shawarar rufe hannun uwata da siminti, kuma babu wanda ya ga ya kamata a tambaye ni. Shekaru sun shuɗe, amma wannan Lahadin ba ta fita raina ba, ba kuwa za ta fita ba.

Tsohuwar majami'armu tana gindin dutsen Kagoro tun zamanin Turawan mishan. Ƙasanta dutse, samanta jar ƙasa, bangon da kauri har mutum kan zauna a bakin taga. Maza ne suka ɗora azara da kwano, amma yaɓe aikin mata ne. Duk wadda ta yi yaɓen farko ta danna tafin hannunta a bangon gabas kafin ƙasar ta bushe. Ba su iya rubutu ba, wannan ne sunansu. Bayan kowace damina mu 'ya'yansu mukan sabunta yaɓen, muna zagaye kowane tafi da yatsa a hankali. Na uwata yana dab da taga, ƙaramin yatsan a karkace, inda lauje ya taɓa yankarta. Ba ni da hotonta. Kabarinta ma gona ta cinye.

Ran nan bayan wa'azi, sakatare ya sanar cewa saboda bikin tunawa da kafuwar coci za a yi fulasta da fenti, magina za su fara washegari. Jama'a suka tafa. Ni kuwa ban ma san waƙar da aka rufe da ita ba.

A bakin ƙofa na tare babban dattijo.

"Baba, har da bangon gabas?"

"Duka, Mama. Baƙi za su zo daga Jos da Kaduna. Su same mu a ɗakin ƙasa kamar rumbu?"

"Hannuwan fa?"

"Za mu rubuta sunayen iyaye a allo."

"To faɗa mini sunan mace ɗaya cikinsu."

Ya gyara hularsa, ya ce ai an riga an sauke yashi.

Da yamma na fita. Na zaga na ga yashin, ga buhunan siminti a gindin mangwaro. A hanya na haɗu da maƙwabciyata, 'yar Ibo, matar marigayi wani ma'aikacin jirgin ƙasa. Hannun surukarta ma yana bangon.

Da irin Hausarta ta ce, "Mama, kai ba ka gajiya da faɗa? Za su ce ka raina dattawa, su sa ka horo, su hana ka jibin Ubangiji."

Wannan ya tsorata ni, ba zan ɓoye ba. Da furfurata a mayar da ni bencin baya, jikokina suna kallo? A majami'ar nan na koyi karatu ina da 'ya'ya manya, na san darajar allo da biro. Amma a ranar na gane cewa abin da ba a rubuta ba, sai mai shi ya tare gabansa da jikinsa, in ba haka ba a shafe.

Washegari kafin magina su iso, na ɗaura zanen zumuntar mata, na ɗauki 'yar kujerata na dasa a gindin bangon gabas, na jingina bayana ƙarƙashin hannun uwata. Da na ɗaga kai, sai ga maƙwabciyata tafe, da tata kujerar a ka.