Dokin da Ya Cinye Tasoshina

Assalamu alaikum ƙawayena na ajin karatu. Kun daɗe ba ku ji ɗuriyata ba, har an ce yaji na yi. Ba yaji ba ne, ciwo ne. Yau dai hannuna ya iya riƙe fensir.

Wata Lahadi ce, kasuwar Jibiya na ci. Ina gindin rumbu ina karanta wani ɗan littafi sai tari ya sarƙe ni. Na kare bakina da mayafi, na ɗago, sai ga jini.

Dama na jima ina ramewa, ga zazzaɓin yamma. Ni da wautata har daɗi nake ji, wai na yi kama da matan cikin labari masu ramar bege.

Mijina Malam Isa ya yi sintirin kan iyaka bisa doki har ƙafarsa ta lalace aka sallame shi. Kuɗin dokinsa da na rangadi sun taru, ba a biya ba. Garba, masinjan ofishinsu, shi ke kawo mana labari. Ya ce ƙa'ida ce, ba a biyan kuɗin doki sai dokin na raye kuma ana ganinsa. Don haka yakan zo ya kwance dokin namu, Akawal, wai zai kai shi dubawa.

Da disfensa, malamin ɗakin shan maganin garinmu, ya ce a kai ni babban asibiti a Katsina, na ce wa mijina, "Malam, a sayar da dokin nan mana."

Ya ce, "Haba Dije! In na saishe shi, gumina duka ya tahi. Garba ya ce wata mai kamawa za a biya."

Sai aka fara da tasoshin aurena. Ɗaya kuɗin mota, ɗaya dawar doki.

A asibiti aka ɗauki hoton ƙirjina. Kowace safiya in tofa kaki a gwangwani a tafi da shi. Likita ya ce ta bakin tafinta, "Tarin fuka ne. Yana warkewa, amma mai gaggawar komawa gida yake kashewa."

Allura kullum, har zama ya gagare ni. Ƙwayoyi manya masu tayar da zuciya. Kunnena ya riƙa ƙugi. Aka ce in ci ƙwai da madara, Innata da ke jinyata ta aika gida a sayar da wata tasar.

Yarinyar da ke gadon damana muka yi hira da hantsi, kafin la'asar an yaye zanen gadonta. Ranar na tabbata mutuwa ba irin ta littafi ba ce. Na ji tsoro ƙwarai.

A gadon hagu akwai Baba Hajara, 'yar Daddara, ita ma mijinta tsohon ɗan sintiri ne. Da ta ji labarina sai ta gyara kwanciya.

"Ɗiyata, ku ma Garba na kwance maku doki?"

Na ce e.

"Namu in ya dawo, bayansa duk gyambon kaya. Yaushe dubawa ta fara yi wa doki gyambo? Kuma mi ya sa ba a dubawa sai jajibirin kasuwar Maraɗi?"

Sai na gane nufinta: wai fasa-ƙwauri ake yi da dawakanmu. Na tuna Akawal na dawowa jiƙe da gumi yana ƙamshin turaren Faransa. Ni kuwa a raina har na tsara cewa matar Baturen ofishinsu ce ke shafa masa wuya.

Da Malam ya zo duba ni na faɗa masa. Ya ce, "Littattahan nan sun cika miki kai da zato. Garba abokin aikina ne."

Na ce, "To ban da shi, wa ya taɓa faɗa maka ƙa'idar nan?"

Ya shiga murza sandarsa.

Ban ga komai da idona ba, kada in ɗauki alhakin bawan Allah. Ƙila akwai ƙa'idar. Ƙila kuɗin sun iso tuni. Ban sani ba, kuma rashin sanin ya fi allurar ci mini rai.

Alhamdulillahi, kaki ya fita fes, an sallame ni, ina ci gaba da shan magani. Na gode wa Allah, na gode wa Inna da malaman jinya. Baba Hajara, Allah ya tashi kafaɗunki.

Ƙawayena, tarin da ya daɗe ku kai shi asibiti, kada ku jira jini. Ku raba ƙwaryar shan ruwa da mai shi. Kada ku yanke magani don kun ji ƙarfi. Mai bin hukuma kuɗi kuma ya je ya ji da kunnensa.

Jiya Garba ya zo gaishe ni. Daga zaure yake cewa, "Uwargida, ya ƙarfin jiki?" amma an ce idonsa na kan turke. Wai jibi akwai dubawa.

Tasa ɗaya ta rage mini, na sayar da ita. Jibin nan ranar komawata asibiti ce. Na biya wa Malam mota, tare za mu, zai shiga ofishinsu na can da ƙafarsa ya tambaya. Akawal kuwa yana nan ɗaure, ba inda za shi.