Mashin da maƙeri ya ƙi karɓa

Sana'ata sayar da kayan injin jirgin ruwa ce a Yelwa: farfela, fulogi, igiyar tayarwa, roba, duk abin da ruwa yake ci. Da tallan busasshen kifi na fara, ban gaji shago a wurin kowa ba. Lokacin da na sa sola na ga wuta tana yin saura da rana ba ta da aikin yi, sai na share ɗakin baya na sa talabijin da na'urar gem, don masu jiran a gyara musu inji su sami abin zama. Ni ban iya bugawa ba, ban kuma taɓa sha'awa ba. Kaya ne a wurina kamar sauran kaya.

Ƙanena shi ruwa ya bi, kamar mahaifinmu. Babban jirgin katako yake tuƙawa, yana kwaso 'yan kasuwa daga tsibirai zuwa Wara. Wata ranar kasuwa, lokacin da ruwa ya ja baya, jirgin ya hau kututture, irin itatuwan nan da tafki ya shanye lokacin da aka datse kogin, tun kafin a haife mu, suna nan tsaye a ƙarƙashi. Jirgin ya tsage. Shi ya fita, ya kuma fitar da waɗanda hannunsa ya kai gare su. Sauran sai daga baya aka tsamo gawarwakinsu. Mutanensa ne, ya san su, ya san 'ya'yansu.

Babu wanda ya ɗora masa laifi a gabansa. Amma ya daina magana, ya daina cin abincin kirki. Inna ta aiko aka kira ni. Ta ce, "Zo ka ɗauke shi daga bakin ruwan ga. Wuni yake yi yana kallonsa, ni kuwa ba ni son irin kallon." Na fahimci abin da ba ta faɗa ba. Na ɗauko shi na kawo shi Yelwa. Abin da nake nema ɗaya ne, ya zauna inda idona yake kaiwa har hankalinsa ya dawo.

Na gwada sa shi a gaban shago, bai iya ba. Masu sayen kayana duk mutanen ruwa ne, kowa ya shigo sai ya yi masa jaje. Sai ya riƙa gudu ɗakin baya. A can ya ɗauki hannun gem, wato abin da ake riƙewa ana dannawa, ya faɗa wa wani wasa da yawancin mutane suke gudu saboda wuyarsa. Mutum ɗaya ne ake sakinsa a wata ƙasa da ta lalace, da takobi a hannu, duk abin da ya gamu da shi kashe shi yake son yi. A ƙarshen kowane yanki akwai babban dodo, shi masu wasa suke kira bos. In ka kashe shi sai ka gaji makaminsa. A hanya kuma ana tsintar wasu duwatsu, a kai wa wani maƙeri da ke zaune a cikin wasan, ya ƙara wa makaminka kaifi, ko ya sa masa wuta ko dafi.

Duk wannan bakanike ne ya bayyana mini, wanda rumfarsa take jikin shagona. Sa'ana ne, mai surutu, kuma ya taɓa bugun wasan ya bari. Shi ne ya fara lura da abin da ƙanena yake yi.

"Alhaji, ƙanen nan naka shina da taurin kai," in ji shi. "Duwatsu sun cika masa jaka, amma ko ɗaya bai kai wa maƙeri ba. Da takobin da aka haife shi da shi yake yaƙi. Kamar mai yankan giwan ruwa da reza."

Muka shiga tare. Bakanike ya dafa kafaɗarsa ya ce, "Kai malam, ka wasa takobin nan mana. Mi kake ajiyar duwatsu, gini za ka yi?"

Ƙanena bai juyo ba. Ya ce, "Takobin aro ne."

"Wa ya ara maka?"

"Wanda za a yar, ai aro ne." Ya nuna talabijin da haɓa. "Na wancan nake so."

Wancan ɗin wani bos ne dogo, mai tsayuwa a cikin ruwa iya gwiwa, da mashi mai ƙugiya a baki. Ya kashe ƙanena sau ba adadi. Ni kuwa na gane lissafinsa sarai, domin lissafin gidanmu ne. Masunci ba ya zuba kwalta mai kyau da sabuwar ƙusa a jirgin haya. Toshe shi yake yi da tsumma ya lallaɓa, ya adana kayan kirki sai ranar da ya sami nasa. Haka mahaifinmu ya yi, haka na yi da rumfar haya kafin in gina shago. Na ce wa bakanike ya ƙyale shi, yaron ya san abin da yake yi.

Gaskiya ma ban damu da wanda ya fi gaskiya a cikinsu ba. Rabon da in ji ƙanena ya haɗa magana mai tsawon wannan tun kafin hatsarin. Muddin dodon nan yana tsaye, ƙanena yana da dalilin tashi da safe. Yana sallah, yana karyawa, ya shiga ɗaki. Ya fara cin tuwo sosai. In na leƙa sai in ga ya karanci dodon kamar yadda yake karantar iska a tafki, ya san lokacin da zai ɗaga mashin, ya san lokacin kaucewa. Matsalar dai sararsa ba ta shiga, sai ya yi ta yi har ya yi kuskure ɗaya, dodon ya kashe shi. Damina ta wuce a haka, aka yanke shinkafa. Inna in ta tambaya sai in ce yana samun sauƙi, kuma ba ƙarya nake yi ba.

Wata rana bayan la'asar na ji bakanike ya kwarma ihu daga ɗakin baya. Na bar mai sayen fulogi a tsaye na ruga. Dodon ya durƙusa cikin ruwa yana narkewa. Ƙanena gumi ya jiƙa masa riga. Bai yi murna ba, ya dai ɗauki mashin ya nufi wurin maƙeri kai tsaye, mu kuma muna tsaye a bayansa.

Maƙerin ya jera makaman da ƙanena yake da su. Tsohon takobin yana ciki. Mashin ma yana ciki, amma a dushe, in an danna ba ya amsawa. Ƙanena ya danna, ya sake dannawa. Ya fita ya sake shiga. Ya gwada sa masa wuta, nan ma shiru.

"Yaya," ya ce, "mi ya hana?"

Bakanike ya sosa ƙeya ya ce shi bai taɓa kaiwa nan ba.

Ni a sana'ata ban san ƙarfen da ba ya gyaruwa ba. Mun ɗora farfelar wani inji a kan wani, mun mayar da injin ban ruwa ya tura kwalekwale. In abu ya ƙi, to ba a kai shi wurin wanda ya iya ba ne. Nan take na kira mutumin da nake sarin kayan gem a wurinsa a Kano, na sa wayar a fili kowa yana ji. Ya saurara, ya yi dariya. Ya ce ba lalacewa ba ce, haka waɗanda suka ƙirƙiri wasan suka tsara shi. Makamin bos da ƙarfinsa yake zuwa, da irin sararsa ta daban, don haka suka hana a ƙara masa wuta ko dafi, in ba haka ba kowa shi zai riƙe a watsar da sauran. Duwatsun da ake tsinta a hanya kuwa na makaman talakawa ne. Na bos wani ƙarfe yake ci na daban, kaɗan ne a duk wasan, kuma yana can gaba da nisa.

Na ce, "To yanzu nawa ne a buɗe shi?"

Ya ce akwai masu yi wa na'ura dabara su zuba wa mutum duk abin da yake so, in na aiko da ita zai sa a yi. Na ce gobe tana cikin mota.

"A'a, Yaya," in ji ƙanena. "Kar ka aika."

"Don mi? Kai ka kashe shi, haƙƙinka ne."

"In an buɗe ba shi ba ne kuma."

Ya ɗauki mashin haka nan ya shiga yanki na gaba. Kyakkyawan makami ne, in ya wurga shi ruwa ne yake tashi. Amma an yi yankin don wanda ya daɗe yana wasa makaminsa, ƙananan dodanni ma sai da suka tattake shi. Ya koma wurin maƙeri. Sannan ya zaɓi tsohon takobin ya fara zuba masa duwatsun, ɗaya bayan ɗaya, maƙerin yana bugu, har jakar ta kusa ƙarewa. Ya koma yankin. Abin da ya tattake shi ɗazu, sara biyu ya yi masa ya faɗi. Na gaba ma haka.

Sai ya yi dariya. Tun hatsarin ban ji dariyarsa ba, kuma da ban ji wannan ba ya fi mini. Ya ce, "Ashe tun tuni yana cikin jakata." Ya ajiye hannun gem ɗin a kan benci a hankali, ya fita alwala.

Bai sake shiga ɗakin ba. Na kawo wasu wasannin, na ƙwallo, na mota, har da wani mai dodanni irin wancan, bai ko duba ba. Bakanike ya yi ta tsokanarsa, ya ce ai yanzu wasan ya fara daɗi, sarkin dodannin ma yana gaba. Ƙanena ya ce masa, "Ka ƙarasa, na ba ka." Ya koma zama a bakin shago yana kallon hanya, tuwon ma ya koma tsakura.

Bayan 'yan kwanaki ya same ni ina jera kaya ya ce zai bi masu haƙar zinariya zuwa daji. Na san ramukan nan, na sayar wa masu su injin janye ruwa. Na san yadda suke rufta wa mutane, na kuma san irin waɗanda suke yawo a dajin da bindiga. Na faɗa masa duka ban rage ba. Na ce in gaban shago ne ba ya so, zan buɗe masa wurin sayar da taki a Shanga, nesa da masu jirgi.

Ya ce, "Shanga ma bakin ruwa ne, Yaya. A can kuwa babu wanda zai yi mini jaje."

Na yi ciniki da mutane iri-iri, na san fuskar wanda ya gama yanke shawara. Ƙarin magana ba ya sauya ta. Da zan ɗaure shi da na ɗaure, amma mutum ne mai gemu. Na saya masa takalmin roba da tocila da waya mai riƙe caji, na raka shi tasha. A motar ya zauna can ciki, bai leƙo ba.

Ni na kai wa Inna labari. Tana tsince shinkafa, ba ta ɗago ba. Ta ce, "Can ɗin akwai ruwa?" Na ce sai da damina. Ta ce, "To." Ba ta tambayi sauran ba, ni ma ban ƙara ba.

Yana raye har yau da nake rubuta wannan. Yakan kira in ya hau tudu ya sami sabis, ya ce lafiya lau, a gaida Inna, ya kashe. Wani lokaci sai a daɗe ba a ji shi ba. In baƙuwar lamba ta shigo wayata, nakan bar abin da nake yi in nemi wuri in zauna tukuna, sannan in ɗauka.