Ɗumin Kisra

Shekara ashirin ina toya kisra, gurasar mutanen Sudan, a kasuwar Gadarif, kuma a bakin kaskon nan na gane yadda Allah ya jera rayuwa. Kowace kisra daban take, siririya kamar takarda, amma in aka jibge su a faifai, ɗumin wannan yana ratsa waccan. Haka muke, kowa da rayuwarsa iri-iri a jibge. Akwai ni wadda kakanta bai yada zango a Sudan ba a hanyarsa ta Makka. Akwai ni wadda aka sa makaranta tun tana ƙarama. Ba ma ganin juna, amma ɗumi yana wucewa.

Ina da shekara arba'in da uku na shiga ajin yaƙi da jahilci. Wata biyu alli yana karyewa a hannuna. Malamar, sa'ar 'yata, ta kira ni inna da Larabci, ta ce, "Ya hala, hannun nan ya yi tauri. Ki bar wa wata bencin."

Na ce, "'Yar nan, saurara. Akwai wata ni da ta iya rubutu tun ba a haife ki ba. Duk ranar da zuciyarta ta karaya, taurin kaina take ara. Yanzu ita za ta ara mini hannu. Ba mu mako guda."

Matan ajin suka kwashe da dariya. Malamar ta ce, "Halas, shi ke nan, mako guda."

A makon nan na daina danne alli. Na saki hannu, na bar waccan ta ja.

Ranar Alhamis na rubuta sunana da na ubana a allo, layi a miƙe. Malamar ta duba, ta sake dubawa.

Na ce, "Ran Asabar me za mu koya?"