Tsohon da Ke Toshe wa Lokaci Kafa

A gefen kasuwar Safana, bayan rumfar mahauta, wani dogon tsoho yana tsugune gaban tukwanen da ya liƙe bakinsu da laka. Ba ya sayar da komai. Tabaransa gilashi ɗaya ya rage, da zare ya ɗaure shi a kunne.

Sahabi mahauci ya ce mini mutumin da can yaron wani Bature mai awon ƙasa ne. Wai binciken tsohon ya nuna lokaci kamar gara yake: sai ya sami kafa yake shiga abu ya ci. In an toshe ko'ina, abu ba zai lalace ba.

Na ce, "Baba, liƙe ni mana har masu kamun aikin tilas su wuce. Amma a sa mini fura a ciki."

Ko kallona bai yi ba. Yana ɓanɓare lakar wata tukunya a hankali, sai ya zaro goro. Goron ya bushe ƙayau. Ya daɗe yana jujjuya tukunyar.

"Akwai tsaga," ya ce. "Laifin lakar ne."

Sahabi ya rage murya. Ya ce tsohon yana da ɗa da ya dawo daga haƙar kuza yana tarin jini, likita kuwa ba zai zo rangadi ba sai bayan damina. So uban yake ya tsayar wa yaron da kwanaki.

Can sai ga tsohon yana loda wa jaki sabuwar laka, wadda ta fi ƙarfin tukunya. Na tambayi Sahabi ta mece ce.

"Tagar ɗakin yaron ya riga ya liƙe," in ji shi. "Saura ƙofa."