Ƙararrawar Ƙarfe Sha Ɗaya

Ni 'yar masunta ce, kuma na sha bulala a kan haka. A firamaren ƙauyenmu, bakin ruwan Kainji kusa da Warra, ƙarfe takwas ake kiran rajista. Mu kuwa tun da sassafe muna bakin aiki: maza su bi iyayensu janyo taru, mu mata mu tsaya a gaɓa muna gyaran kifi kafin ya lalace. Kafin mu wanke ƙarni mu iso aji, hantsi ya yi. Malamanmu mutanen tudu ne, a ganinsu lalaci ke damunmu. Wanda ya gaji da dukan latti sai ya daina zuwa gaba ɗaya. Ni taurin kai ya zaunar da ni.

Bayan shekaru aka turo ni shugabar wannan makarantar. Aji biyu, malamai biyu, benci ya fi yara yawa. Ban daɗe ba labari ya iso cewa za a rufe ta a mayar da yaran Warra, tunda ba kowa. Na san abin da hakan ke nufi. Babu uwar da za ta sa 'yarta a kwalekwale kullum saboda boko, kuma ban ga laifinta ba.

Sai na tara iyaye a gindin tsamiya, na tambaye su lokacin da aikin ruwa ke sakin yara. Wani dattijo ya dube ni yana dariya.

"Ke ɗiyar nan, ke da kinka tashi cikin ƙarni, mu za ki tambaya? Sha ɗaya."

Ranar Litinin na buga ƙararrawa sha ɗaya, muka tashi da la'asar. Ban nemi izinin kowa ba, don na san amsar da za a ba ni. Cikin mako uku sai da muka ari tabarmi a masallaci.

Rannan sufeton makarantu ya sauka daga jirgin ruwan safe, ba sanarwa. Takwas ta yi masa a ƙofar aji, ba ko yaro ɗaya. Ya same ni ina shara.

"Hajiya, ina ɗaliban naki?"

"Suna ruwa, ranka ya daɗe."

Ya zaro biro ya hau rubutu. Na yi masa bayani, bai ko ɗago kai ba. Amma na san abin da bai sani ba: jirgin da ya kawo shi ba ya komawa sai 'yan sarin kifi sun gama lodi bayan azahar. Na shimfiɗa masa tabarma, na kawo masa kunu.

Sha ɗaya na buga ƙararrawa. Yara suka ɓullo ta hanyar gaɓa da gudu, ƙafafu duk taɓo, wasu hannunsu bai gama bushewa ba. Aji ya cika har baranda. Sufeton ya miƙe ya shiga, ya nuna wata yarinya da ke can baya, ya buɗe mata littafi a inda ya ga dama. Ta karanta shafin har ƙasa, ta yi tuntuɓe sau biyu, ta gyara da kanta. Daɗi ya kama ni har na ji kunyar yadda nake murmushi.

Da zai tafi ya ce, "Kin san doka ba ta ba ki wannan ba?"

"Na sani. Amma dokar ba ta taɓa cika mini aji ba."

Bayan wata guda ɗan aike ya kawo takardu biyu a ambulan ɗaya. Ta farko ta ce an fasa rufe makarantar. Ta biyu gargaɗi ne a kaina saboda sauya lokaci ba izini, tare da umarnin in koma ƙarfe takwas nan take, in ba haka ba in manta da ƙarin girma.

Na karanta ta sau biyu, na ji zafinta, don ina son ƙarin girman nan. Na sa hannu na mayar wa ɗan aike. Washegari na jira sha ɗaya ta cika, sannan na buga ƙararrawata.